Koya wa yara taekwondo, judo da dambe: daga shekara nawa, kuma ina haɗarin yake?

Maman Sadiq: Assalamu alaikum. Makarantun kuɗi da dama yanzu sun shigo da taekwondo ko karate bayan an tashi, har 'yan aji ɗaya na firamare ake ɗinka wa farar riga da ɗamara. Masu horarwa da ma'aikatan lafiya da ke cikinmu ku taimaka: daga shekara nawa ya dace yaro ya fara, kuma me uwa za ta duba ta san wurin ya isa a bar masa yaro?

Koci Lawal: Wa alaikumus salam Hajiya. Tambaya biyu kika haɗa. Shekarun shiga aji daban, shekarun da za a sa yaro ya kara da wani daban. Shiga aji daga biyar ko shida ba laifi, muddin wasa ake yi: gudu, tsalle, tsayuwa da ƙafa ɗaya, mirgine, shurin matashin soso da koci ke riƙe da shi. Waɗannan minti 30 zuwa 40 ya ishe su, sau biyu a mako. Daga bakwai zuwa goma sai a kai awa ɗaya: minti 10 na ɗumama jiki, 20 na koyon tsayuwa da shuri da tarewa, 15 a kan matashi, 10 na wasa, 5 na hucewa da miƙe jiki.

Karawa kuwa sai yaro ya iya tsayar da ƙafarsa inda ya so. Gwajin ba wuya: ka riƙe masa takarda ka ce ya shura ya taɓa ta ba tare da ta yage ba, sau goma a jere. Wanda bai iya wannan ba, ko shekararsa sha biyu, bai isa a tsayar da shi gaban ɗan wani ba. Idan za a haɗa su, a duba nauyi da daɗewa a wasan, a bar maganar "ai ajinsu ɗaya". 'Yan shekara sha uku biyu, ɗaya ya balaga ɗaya bai balaga ba, sai ka tarar da kilo goma sha biyar a tsakaninsu.

Ma'aunin yawan atisaye da likitocin wasanni ke bayarwa kuma mai sauƙin riƙewa ne: awannin da yaro zai yi a mako kada su wuce yawan shekarunsa, kuma a bar masa kwana ɗaya ko biyu ba ya komai.

Malam Habu: Hajiya, ki je ki zauna aji ɗaya ki kalli abu biyu, ƙasa da faɗuwa. Idan daɓen siminti ne aka shimfiɗa masa robar nan mai haƙora da ake haɗawa, mai kaurin santimita biyu ko biyu da rabi, to ta shuri ce kawai. Ba a kayar da yaro a kanta. Katifar judo kaurinta santimita huɗu ko biyar ne, ita ma an fi so a ɗora ta kan katako mai ɗan motsi, shi ya sa masu dabara ke jera tsofaffin tayoyi su ɗora filawud kafin katifa. Ki duba bakin katifun, in akwai rami a tsakani nan ɗan yatsa ke shiga ya karye. Daga bakin katifa zuwa bango ko benci ko ginshiƙi a bar fili, a gasa ma mita uku ake bari.

Faɗuwa kuwa ita ce farkon karatu, mu a judo ukemi muke ce mata. Daga kwance ake farawa: yaro ya kwanta rigingine, ya manna haɓa a ƙirji yana kallon ƙullin ɗamararsa, ya mari katifa da hannu biyu a miƙe, tafi ƙasa, hannun ba manne da jiki ba kuma ba a buɗe sosai ba. Sai daga zaune, sai daga tsugune, sai daga tsaye. Baya, gefe biyu, sannan mirginawar gaba. Wata biyu zuwa uku yana wannan kafin wani ya ɗaga shi ya kayar.

Kada a ɗauka tsanani ne. A Japan, inda Jigoro Kano ya kafa wasan a 1882, wani malamin jami'ar Nagoya, Ryo Uchida, ya bi bayanan makarantu ya gano ɗalibai sama da 100 sun mutu a judon makaranta tsakanin 1983 da 2011. Da yawansu sababbin shiga ne 'yan shekarar farko, kuma abin da ya fi kashe su zubar jini ne a cikin kai, sau da yawa daga kayen osoto-gari, wanda ake share ƙafa mutum ya faɗi ta baya ƙeya ta daki ƙasa. Faransa ta fi Japan yawan masu rajistar judo, amma ba a ga irin wannan mace-macen yara a can ba. Can ba ka karɓar kuɗin koyarwa sai da takardar shaida ta gwamnati.

Alhaji Ɗanlami: To ku masu farar riga, ina za ku ajiye namu na gado? 'Ya'yan mahauta tun suna ƙanana ake naɗa musu hannu, a haka ake samun 'yan damben da ake kirari da su a Kudu da Arewa da Guramada. Ice tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Yaron da bai sha naushi yana ƙarami ba, ranar da ya shiga fage idonsa rufewa zai yi kafin hannu ya iso. Wannan lallaɓawar ta katifa da hula ba ta fitar da namiji.

Dakta Hauwa: Ranka ya daɗe Alhaji, icen da ake tanƙwarawa ɗanye jiki ne da ɗabi'a. Ƙwaƙwalwa ba ta sabawa da duka, kowane bugu ƙari yake a kan na baya. Tana zaune ne cikin ruwa a cikin ƙoƙon kai, idan naushi ya juya kai da sauri sai ta girgiza ta bugi ƙashi, jijiyoyin jinin da suka haɗa ta da rufinta su miƙe, wani lokaci su tsinke. Yaro kansa babba ne a kan jikinsa, wuyansa kuma bai yi ƙwari ba, don haka naushin da babba zai shanye shi juya masa kai zai yi gaba ɗaya. Kuma a dambe abin da ake nema shi ne kisa, a kai mutum ƙasa, hannun duka da ake kira mashi an naɗe shi da zare ya zama dutse. Ƙungiyar likitocin yara ta Amurka da ta Kanada tun 2011 suka fito suka ce ba su yarda yara su yi damben Turawa ba, wanda ma da safar hannu mai laushi ake yi. A Tailan, a Nuwamban 2018, yaro ɗan shekara 13 ya mutu bayan an sumar da shi a damben gargajiyarsu, zubar jini a kai. Su ma gado suke ce masa.

Abin da kowane koci da kowace uwa ya kamata su sani: ba sai yaro ya suma ba ne ƙwaƙwalwa ta bugu. Yawanci ma ba sa suma. Za ka ga ya tashi a hankali, yana layi, ido ya yi fayau, ka tambaye shi ina muke ko wa ka kara da shi ya yi jinkiri, ko ya ce kai na ciwo, haske na damunsa, zuciya na tashi. Ko ɗaya ka gani, ya gama na ranar. Ba zancen a zuba masa ruwa a ka ya koma. Bugu na biyu kafin na farko ya warke shi ne ke kumbura ƙwaƙwalwa cikin mintuna, kuma yara da matasa aka fi gani da shi.

A tafi asibiti nan take idan ya suma ko na daƙiƙa kaɗan ne, ko yana ta amai, ciwon kai na ƙaruwa, yana ganin abu biyu-biyu, ya yi jijjiga, hannu ko ƙafa ta mutu, magana ta karkace, ko barci na fizgarsa ba a iya tashe shi. Idan ya ce wuya na ciwo, kada a ɗaga shi, kada a ja shi gefen fili. Mutum ɗaya ya durƙusa ta saman kansa ya riƙe kan da hannu biyu yadda yake har a samu abin ɗauka mai tauri. Na ciwon kai a kwana biyun farko farasitamol kawai, ban da asfirin da ibuprofen da diclofenac, don in akwai jini a ciki ƙara shi za su yi.

Malam Habu: Na Taiwan ma ya isa misali. 2021, a Taichung, yaro ɗan shekara bakwai da bai daɗe da shiga ba aka yi ta kayarwa har sau 27. Ya ce kansa na ciwo, ya yi amai, aka ce ƙarya yake. Ya yi sama da wata biyu a sume sannan ya rasu. Kocin ba shi da lasisi.

Koci Lawal: Dakta, na yarda da ke a kan ƙanana, amma akwai inda zan ja. A taekwondo shurin kai maki uku ne, na ƙirji biyu. Rukunin 'yan 12 zuwa 14 a gasar duniya ana shurin kai, da hula mai gilashin fuska. Idan yaronmu bai taɓa ganin ƙafa ta nufo kansa ba sai ranar gasa, shi ne zai ji ciwo. Chika Chukwumerije da ya ciyo wa Najeriya tagulla a Beijing 2008, da Abdoul Razak Issoufou Alfaga da ya ciyo wa Nijar azurfa a Rio 2016, ba da shurin iska suka kai can ba.

Dakta Hauwa: Koci, hular ce nake so mu daina dogara da ita. Tana hana fashewar goshi da tsagewar kunne da karayar hanci. Girgizar ƙwaƙwalwa ba a tabbatar tana hanawa ba, domin kan yana juyawa da hular gaba ɗaya. Wani lokaci ma ita ke sa yara su saki ƙafa da ƙarfi, suna ganin an rufe komai.

Koci Lawal: To ga tsakiya. Ƙasa da sha biyu babu taɓa kai sam, ko a aji ko a gasar makarantu. Daga sha biyu, wanda zai yi gasa ya koyi kaucewa da tarewa da sandar soso, ya koyi shurin kai a kan matashi da ɗan tsana. Karawa mai taɓa kai sau ɗaya a mako, zagaye biyu na minti ɗaya da rabi, taɓawa ce ba duka ba, koci a tsaye kusa da su, biyu kawai a fili. Wanda ba ya nufin gasa ba shi da buƙatarta har ya gama sakandare. Kaya kuma cikakku: hula, rigar ƙirji daidai jikinsa, kariyar ƙwauri da ta hannu, kariyar gaba, robar haƙori. Rigar ƙirji in ta yi masa yawa hawa take ta daki maƙogwaro in an shura.

Dakta Hauwa: Wannan zan iya sa hannu. Na ƙara da dawowa bayan bugu, don nan ake yawan kuskure. Kwana ɗaya zuwa biyu na hutu, a rage waya da talabijin. Sannan mataki-mataki, kowanne aƙalla awa 24: harkar gida da makaranta, sai tafiya ko keke a hankali, sai atisayen wasan shi kaɗai, sai atisaye da 'yan aji ba taɓawa, sai cikakken atisaye bayan likita ya duba, sannan gasa. In ciwon kai ya dawo a wani mataki, a koma na baya. Karatu ya daidaita tukuna kafin wasa. A Birtaniya ƙa'idar da suka fitar a 2023 ta ce babu gasa kafin kwana 21.

Alhaji Ɗanlami: Kwana 21! Ɗan dambe a kashe shi da yamma, gobe ya nemi fansa.

Ɗan Maraɗi: Alhaji, shi babba ne, ya zaɓa wa kansa. Idan gado ake so wa yaro, ga kokowa. Babu naushi, babu shuri, gwiwa ko hannu ya taɓa ƙasa an gama. A nan Nijar tun 1975 ake gasar takobi, kuma manyan 'yan kokowa duk a rairayin unguwa suka taso. Sai dai filin yara a gyara shi: a tone yashin da fatanya zurfin taƙi guda, a tankaɗe shi a cire tsakuwa da kwalba da ƙaya, a yayyafa ruwa kaɗan don ƙura. Yashin da aka daɗe ana takawa daskarewa yake kamar daɓe, kullum sai an sake tona. A hana ɗaga yaro sama a doka shi da ka, a hana murɗe wuya da lanƙwasa yatsu. A yanke farce, a cire zobe da guru mai ƙarfe. Yaron da zai gaji dambe ma, shekara biyar na kokowa za ta ba shi ƙugu da tsayuwa, sai ya naɗa hannu in ya kai sha takwas.

Nas Rabi: Duk kuna kan kai, ni zafi nake ji wa tsoro. Daga Maris zuwa Mayu, Sakkwato da Maiduguri da Kano ana wuce digiri 40, makarantu kuma ƙarfe biyu zuwa huɗu suke sa wasan, a ɗakin taro mai rufin kwano, yaro cikin riga mai kauri da rigar ƙirji da hula. A bazara a mayar da shi safe kafin tara ko bayan la'asar sakaliya. Ruwa duk minti 20: ɗan shekara tara zuwa sha biyu mililita 100 zuwa 250, wato daga ɗan sama da rabin ledar fiya wata zuwa leda ɗaya da rabi a awa. Kada a jira ya ce yana jin ƙishi, kuma kocin da ke hana ruwa wai horo ne bai san aikinsa ba. Bayan dogon hutu jiki na buƙatar kwana 10 zuwa 14 kafin ya sake sabawa da zafi, makon farko a yi rabin aiki, ba kayan kariya.

Yaron da ya yi jiri, ya jiƙe da zufa, amma yana cikin hankalinsa: inuwa, a cire kaya, a ɗaga ƙafafu, a ba shi ruwan gishiri da sukari, lita ɗaya da ƙaramin cokali shida na sukari da rabin cokali na gishiri. Wanda jikinsa ya yi zafi rau kuma ya fara sambatu ko faɗa ko ya faɗi, wannan sanyaya shi ake fara yi kafin neman mota. A tuɓe shi, a yi ta kwarara masa ruwan sanyi, ƙanƙara a wuya da hammata da matsematsi, ana fifita. In akwai baho a tsoma shi zuwa wuya, wani na riƙe da kansa. A ci gaba da zuba ruwan har cikin mota.

Da azumi, yaran da suka fara ɗauka a bar musu koyon salo kawai, ko a koma bayan shan ruwa. Da hunturu, mai asma ya zo da abin shaƙarsa a ajiye a bakin fili, ba a jaka a cikin aji ba.

Maman Sadiq: Anti Rabi, masu sikila fa? Da masu AS?

Nas Rabi: Dole takardar shiga ta tambayi rukunin jini na sikila, wato genotype, don kusan mutum ɗaya cikin huɗu a Najeriya AS ne, mai ɗauke da ƙwayar sikila ba tare da ciwon ba. Mai SS ko SC ba a yanke masa hukunci a fili, likitansa ne zai faɗi iyakarsa, kuma yawanci salo da motsa jiki mai sauƙi ne, ba karawa ba. Mai AS yana yin wasa kamar kowa. Haɗarinsa a wuri ɗaya yake: gudu ko tsalle na ƙure ƙarfi ba hutu, cikin zafi, ba ruwa. In ya ce ƙafafunsa sun mutu ko ya zube yana haki, ba ragwanci ba ne, a tsayar da shi a kai shi asibiti.

Sai zazzaɓin cizon sauro. Yana kumbura saifa, tana ƙarƙashin haƙarƙarin hagu, daidai inda shurin ƙafar dama ke sauka. Yaron da ya tashi daga zazzaɓi kada ya kara sai an taɓa cikinsa an ce ta koma. In an shure shi a nan ya ce ciki na ciwo har kafaɗar hagu, ya yi fari, zufa mai sanyi, to jini ne ke zuba a ciki.

Malam Sule mai gashin ƙashi: Bari in shigo da ƙashi. A bakin kowane dogon ƙashin yaro akwai guringuntsi inda tsawo ke fitowa, ba ya rufewa sai wajen shekara 14 zuwa 16 ga mata, 16 zuwa 18 ga maza. Wurin ya fi jijiyar da ke riƙe gaɓa rauni. Abin da zai zama targaɗe ga babba, ga yaro sau da yawa karaya ce a nan, in aka yi wasa da ita ƙashin ya girma a karkace ko ya gajarce. Saboda haka a bar abubuwan nan: naushin bango ko buhun yashi mai tauri don hannu ya yi kanta, fasa katako da bulo a bikin makaranta don iyaye su tafa, birgima kwalba a ƙwauri, da koci ya hau cinyar yaro ko ya danna kafaɗunsa don ya tsage ƙafa har ƙasa. Wannan na ƙarshen yana iya ɓantaro ƙashi daga ƙugu a wajen 'yan sha uku zuwa sha shida. Miƙa jiki bayan an ɗumama ake yi, yaro da kansa, daƙiƙa 20 zuwa 30, ya tsaya inda ya ji ja, kafin zafi.

Tsallen kwaɗo na horo, ɗari biyu, ɗari uku, shi ma a daina. Yana cin gwiwa, kuma in ya yi yawa tsoka na narkewa ta toshe ƙoda. Alamarsa cinyoyi su kumbura, fitsari ya koma kalar shayi washegari. Ɗan sha biyu da ke kuka da ƙullutu mai zafi a ƙasan ƙoƙon gwiwa, ko ɗan goma mai ciwon diddige, ciwon girma ne da yawan tsalle ya tayar. A rage tsalle na makonni, a sa ƙanƙara a tsumma minti 15.

Wanda ya fi ba ni tsoro shi ne gwiwar hannu. Yaro ya faɗi ya dafa ƙasa da hannu a miƙe, ƙashin ya karye daf da gwiwar, inda babbar jijiyar jini ta wuce. A kai shi wajen mai ɗori, a ja, a ɗaure da kara tamau, hannu ya kumbura a ciki jini ya daina zuwa. Awa shida ta isa tsoka ta fara mutuwa, daga nan sai shanyewa ko yankewa. A tallafe hannun yadda yake da kwali da ɗankwali, kada a miƙe shi, a yi hoto tukuna. In yatsu sun yi sanyi, sun yi fari ko baƙi, ko taɓa su na sa shi ihu, a kwance ɗaurin nan take a tafi asibiti ko tsakar dare ne.

Koci Lawal: Malam Sule, ka tsallake rage nauyi. Ana saura kwana uku gasa yaro ya haura da kilo biyu, sai a sa masa leda a ƙarƙashin riga ya yi gudu, a hana shi ruwa, ya yi ta tofar da yawu, wasu har Lasix, maganin sa yawan fitsari, suke ba shi. Maganin nan yana kwashe gishirin jiki har zuciya ta rikice, kuma haramtacce ne a wasanni. A Amurka 'yan kokowar jami'a uku suka mutu a ƙarshen 1997 wajen irin wannan. Yaro mai girma nauyinsa hawa yake, a auna shi wata guda kafin gasa a rubuta shi a rukunin da ya tarar da kansa. Hukumar judon Japan ma a 2022 soke gasar ƙasa ta ɗaiɗaikun 'yan firamare ta yi, saboda son nasarar manya ya kai ana matsa wa yara har da rage nauyi.

Anti Zainab: Akwai ciwon da hoto ba ya nunawa, kuma ba mu son faɗa. Wasan nan na taɓa jiki ne, koci na gyara ƙugu da ƙafa, yara kuma an koya musu rusuna masa da bin umarni. Larry Nassar likitan 'yan wasan Amurka ne, ya yi shekaru yana lalata da 'yan mata da sunan magani kafin a ɗaure shi a 2018, wasu ma iyayensu na cikin ɗakin. Dokokin da za a rubuta a manna a bango: babba ɗaya ba ya keɓewa da yaro ɗaya, ko a ofis ko a mota ko wajen canza kaya. Ƙofa a buɗe, iyaye na da damar shiga kowane lokaci. Ajin 'yan mata da mace babba a ciki, in ba koci ba ko malama. Koci ba ya tura wa yaro saƙo a waya, ta iyaye ko zauren kowa da kowa. Tafiya gasa manya biyu, babba ba ya kwana ɗaki ɗaya da yaran da ba nasa ba. Ba a ɗora hoton yaro a Facebook ko TikTok sai da izinin iyaye. Maza ma abin na samunsu, sun ma fi yin shiru. Yaron da ke ɗokin zuwa ya koma ciwon ciki duk ranar atisaye, ko ya zo da kyautar da ba a san dalilinta ba, a zauna da shi a tambaya ba da tsawa ba.

Hijabi kuma mai shiga kai, mai kama wuya, ba allura ba fil, a cusa shi cikin riga. Dogo mai yawo ana taka shi ko a shaƙe ta da shi. A cire ɗan kunne da ƙarfen kitso.

Maman Sadiq: Allah ya saka da alheri. Akwatin agaji fa, me zan ce su buɗe in gani?

Nas Rabi: Safar hannu, auduga da bandeji mai naɗi, filasta, almakashi, zanen rataye hannu, gishiri da sukari na leda, kula mai ƙanƙara, da littafi mai lambar iyayen kowane yaro da ciwon da yake da shi. Ki tambayi kocin yaushe ya yi horon agajin gaggawa, Red Cross na koyarwa, ki ce ya faɗa miki danna ƙirji nawa hura baki nawa. In bai ce danna talatin, hura biyu ba, kin ji amsa. Ki tambaye shi asibitin da za su nufa da motar wa.

Haɓo: ya sunkuya gaba, a matse taushin hanci minti 10 ba saki, ba ɗaga kai sama ba. Haƙorin manya in ya fita, a riƙe shi ta kai ban da saiwa, a ɗauraye kaɗan, a mayar ramin ya cije tsumma, ko a jefa shi cikin madara, a ga likitan haƙori cikin awa ɗaya. Haƙorin nono ba a mayarwa. Robar haƙori kowa da tasa, a tsoma ta a ruwan zafi yadda kwalinta ya ce, ya cije ta kama bakinsa, kuma mai famfara a sake masa wata in sababbi sun fito. Jini a katifa a goge da Hypo ko Jik mai kashi 3.5, awo ɗaya cikin awo shida na ruwa, a bar shi minti 10. Mai makero ko ƙazuwa ya zauna gida sai magani ya kama, kuma a riƙa shanya huluna da rigunan ƙirji, don ta nan yake zagaye aji.

Alhaji Ɗanlami: Na ji na kokowa, Ɗan Maraɗi, wannan ba gardama. Amma sha takwas ya yi nisa ga naɗin hannu. Sha shida.

Dakta Hauwa: Ya naɗa ya daki buhun dusa tun sha shida, Alhaji. Kan mutum dai sai sha takwas.

Ɗan Maraɗi: Buhun ma a cika shi da dusa ko ƙaiƙayi, ban da yashi, a rataye shi daidai ƙirjin yaron.